Shanun Amadou a Bangon Baba Yorgo

"Ku toshe tagar nan da bargo," in ji Baba Yorgo daga kan gado. "Rana tana cinye mini shanu."

Na toshe. Ɗakin ya yi duhu, sai ƙarar injin silima.

Baba Yorgo Bagirke ne, maƙwabcinmu a unguwar Zongo. A ƙasarsu, da ƙuruciya, shi ne saurayin da ƴan mata ke yi wa kuka a silima. Daga baya ya koma bayan kamara, ya zo Nijar, ya bi makiyayan Tahoua damina guda yana ɗauka. Kafin ya gama haɗa fim ɗin, sai fari ya zo, sojoji suka karɓi mulki, takardar izinin nunawa ta maƙale a wani biron ma'aikatar gwamnati. Ba wanda ya taɓa ganin fim ɗin. Ga shi lokotoron asibiti ya ce zuciyarsa ta gaji.

Ni kuwa, da karance-karancena, na ɗauka wata tsohuwar masoyiya zai nema a ƙarshe. Sai ya ce in kira masa Amadou mai ga-ruwa.

Amadou ya ajiye garwa a ƙofa, ya tsuguna. "Baba, in ruwa ne, na kawo da safe."

"Zauna. Yau kai ne gwamna."

Ciyawa ta bayyana a bango, kore shar. Sai ƙahoni, garke har iyakar ido, da wani saurayi da sanda a kafaɗa yana dariya.

"Wane ne wannan mai ƙiba?" in ji Amadou. Sai ya gane shi ne da kansa, lokacin yana kiwo. Ya miƙe a hankali. "Woɗe! Wallahi saniyata Woɗe ce. Ga Saye bayanta, mai taurin kan nan. A hanyar Abalak ta faɗi lokacin fari, ita ce ta ƙarshe."

Ya shiga kiransu ɗaya bayan ɗaya, da irin kiran da ake yi a bakin rijiya. Hawaye suka kece mini. Baba Yorgo bai dubi bangon ba ko sau ɗaya. Fuskar Amadou yake kallo.

"Ya yi kyau?" ya tambaya, da ƙyar.

"Ka yanke wa Saye wutsiya, Baba."

Tsohon ya yi dariya har da tari. "Gaskiya ne." Ya juyo wajena. "Sake sa masa, malam."

A zagaye na biyu Baba Yorgo ya cika, ba mu sani ba. Da fim ya ƙare, bakin zarensa yana ta kaɗawa a jikin injin, fat, fat, Amadou yana tsaye cikin farin hasken, tafin hannunsa a jikin bango.