Ba Ni Lambar Mijinki

A shagon ɗinkin nan babu wanda Auta ta taɓa yi wa laifi. Laifinta ɗaya ne: kullum da fara'arta take shigowa, kuma in mijinta, mai gyaran wutar lantarki, ya sauke ta a babur, sai ya tsaya ya ga shigarta kafin ya ja. Akwai mutanen da ganin irin wannan ke tayar musu da ciwon kai. Ba su gina gidan kowa ba, amma in rusawa ce, ga su da gatari a kafaɗa, suna kiran abin shawara.

Babbarsu ita ce mai yanka yadi, wadda kowa ke kira Rediyo, a bayan idonta.

"Ke dai, ƙanwata, kina ba ni tausayi," ta ce, tana kaɗa almakashi. "Namiji ƙanin ajali ne. Mai yawan dariyar nan ma shi ya fi iya ɓoye wuƙa."

"To, Yaya."

"To me? Ba ke kika ce kwanan nan yana makara ba? Ba ni lambarsa. In tura masa saƙo a matsayin wata yarinya, mu ga ko zai lashi zuma. Gwaji ne kawai."

Kekunan ɗinki suka tsaya. Ƙafar Auta ma ta tsaya a kan feda. Gaskiya ne yana makara, kuma ba ta tambaye shi dalili ba. Ta ji maganar tana neman wurin zama a ƙirjinta, ta kuma san in ta zauna, ba za ta tashi ba. Ko ya ci gwajin, ita ta riga ta zama mai ɗana wa mijinta tarko.

Ta ɗauki wayarta, ta kira shi, ta buɗe lasifikar wayar kowa ya ji.

"Ranki ya daɗe, lafiya? Ina kan tsani fa."

"Riƙe da kyau, Injiniya. Yayarmu ta shago ce ke son lambarka, za ta zama budurwa ta gwada ka."

Wata ta fashe da dariya ta toshe baki da ƙyalle. Shi kuwa ya ce:

"Ke kuma kin yarda?"

"Da na yarda da ban kira ka ba. Ina da baki. Me ya sa kake makara?"

"Af! Sabon ginin nan ne, mu biyu kacal aka bar wa jan waya. Ai da kin tambaya tun tuni."

"Ai ga shi na tambaya. Sauka lafiya."

"A gaishe min da Yaya. Ki ce mata budurwar ta yi haƙuri, an riga ta."

Rediyo ta sunkuya kan tebur tana neman alli, alhali yana hannunta. Auta ta gyara bakin rigar da ke ƙarƙashin allura, ta taka keke.