Gishirin Asma'u

A Mabai, in ana yi wa amarya huɗubar haƙuri, da Asma'u ake misali. Cewa ake shekara goma sha ɗaya tana gidan mijinta Mani a Ketare, maƙwabta ba su taɓa jin muryarta ta tsallake katanga ba. Uwarta, Inna Mairo, takan ji daɗin yabon nan, don ita ce ta mayar da ita ɗakinta har sau uku da ta yi yaji. Takan ƙulla mata kuka da daddawa, ta raka ta bakin hanya. 'Yar fari ce, ko sunanta Inna ba ta faɗa, balle ta zauna jin kukanta.

Zuwan nan na huɗu Asma'u ba ta kawo ƙara ba. Sai shara, sai daka. In babur ya tsaya a ƙofar gida, taɓarya kan tsaya a hannunta.

Ran da 'yan biko za su zo, ita ta yi tuwon rana. Ta ajiye wa Inna kwano, da ɗan gishiri a murfin kwalba, ta koma ta tsaya jikin bango.

Inna ta kai loma, ta ji lami.

"Ke, miyar nan ba gishiri."

"Ga shi nan, Inna. Ki sa da kanki."

"Sabon salo. Ni na koya maki girki, yaushe kika mance awo?"

"Ban mance ba. A can, in ya yi yawa laifi ne, in ya yi kaɗan laifi ne, sai na bar sawa. Shi ma laifi ne, amma dukan bai kai na sauran ba."

Ta faɗe shi kamar mai ba da labarin gidan wasu. Inna ta miƙa hannu don ta jawo ta kan tabarma, sai Asma'u ta yi wuf ta kare fuskarta. Hannun Inna ya tsaya a iska.

Daga zaure mahaifinta, Malam Hadi, ya leƙo. "Mutanen Ketare sun iso. Ta shirya?"

Inna ta ce, "Malam, a ba su ruwa su sha, su koma. Ba inda za ta."

Ya dubi 'yarsa a takure jikin bango, ya daɗe, sannan ya juya.

Inna ta ture kwanon gefe.

"Asma'u," ta ce. "Sau uku na raka ki bakin hanya da ƙafata. Ki yafe mani."