Kabo da Majigin Malama Nwamaka

Tun daga Kaikai har Kankia, Kabo makaɗin gangar noma bai bar Dawuda ya huta ba. Mai babur gudu yake yi, rana ta yi zafi, ganga ta saki. Mita dai iri-iri. Dawuda, mai yi mashi amshi, ya ƙyale shi. Abin da ke cin Kabo kuwa daban ne: kunnuwanshi ke mutuwa a hankali, yana ta ɓoyo. Wa zai kira kurma kiɗan gayya?

Malama Nwamaka, mai koyarwa a wata sakandare, ita ta gayyace su su yi kiɗa a majigin da za ta nuna wa ɗalibai. Ta yi wa Kabo dogon bayani a bakin aji, shi kuwa sai gyaɗa kai yake yi kamar ƙadangare.

Aka rufe tagogi, hoto ya fito a bango, baƙi da fari. Wani Bature ne mai tsara kiɗa, gashi buzu-buzu, yana kai da kawo a ɗaki. Ya rubuta, ya yage, ya zauna gaban fiyano ya hau duka da yatsu goma. Kabo ya miƙa wuya. Shiru. Ya juya kunnen dama, mai ɗan sauran amfani. Ko ƙas! Matar Baturen ta shigo tana faɗa, baki na motsi, ba sauti. Zufa ta keto wa Kabo. Wallahi tsoro ya ji irin wanda bai taɓa ji ba.

Ya miƙe tsaye ya ce, "Malama, ki yafe mani. Na kurmance."

Ɗalibai suka kwashe da dariya. Dawuda ya sa baki a kunnenshi ya ce majigin ne ba ya magana, na zamanin da ne, shi ya sa aka kira su su sa mashi kiɗa. Abin da malama ta faɗa ke nan a bakin aji, da ƙarfinta kuwa.

Kabo ya koma ya zauna, kunya kamar ta kashe shi.

Dawuda ya ce, "Baba, tun damanar bara na sani. Kana tsammanin don nishaɗi nake buga ƙafa a gabanka?"

A bango Baturen ya sake ɗaga hannu. Kabo ya gyara ganga, ya sunkuyar da kai yana kallon ƙafar Dawuda, yana jira ta sauka.