Haihuwar da Ba a Lissafa Ba

Su goma sha biyu aka ɗauka a shirin horar da masu binciken sankarar mama, kuma tun ranar farko aka gaya musu gaskiya: a shekara ta uku, mutum ɗaya tak za a tura ƙasar waje ya yi shekara guda a babban ɗakin gwaje-gwaje yana koyon binciken ƙwayoyin gado. Sauran kowa ya ƙarasa digirinsa na uku a gida. Adawiyya Mode, 'yar Wurno, ta ji wannan magana, ba ta taɓa yi wa kowa zancenta ba. Amma duk wanda ya ga yadda take aiki ya san inda ta sa ido.

Aikin nata ba ɓoyayye ba ne. Mata ɗari biyu masu ciwon, waɗanda ke zuwa asibiti daga Wurno da Rabah da Goronyo, za ta kwatanta da mata ɗari huɗu lafiyayyu daga garuruwan nan dai. Tambayoyin iri ɗaya ne: tana da shekara nawa ta yi haihuwar fari, haihuwarta nawa, wata nawa take shayarwa. Masu ciwon, ma'aikatan jinya ne suka yi musu tambayoyin a ɗakin asibiti, ƙofa a rufe, kati a gaba. Lafiyayyun kuwa sai an bi su gida. A nan Adawiyya ta yi dabarar da ta daɗe tana alfahari da ita. Ta ƙi ɗaukar ɗalibai 'yan birni, ta nemo matan da ke aikin lafiya a garuruwan, waɗanda kowa ya san su ya san iyayensu, don matan su saki jiki. Malaminta, Farfesa Iliyasu, mutumin da yabo ke yi wa wuyar fita daga baki, har sau biyu ya yaba mata a gaban aji.

Da aka zuba amsoshin a kwamfuta, sai ga abin mamaki. Abin da aka daɗe ana karantawa a littattafai shi ne haihuwa da wuri da yawan shayarwa suna rage haɗarin ciwon. Lissafin Adawiyya kuwa akasin haka ya nuna. Masu ciwon su ne suka riga haihuwa, kuma su ne suka fi 'ya'ya. Ta sake lissafin sau uku, Farfesa ya sake da kansa, abin yana nan daram. Kai, ranar har malaman wani sashe suka leƙo su ga jadawalin. Kwamitin shirin ya zauna, ya ce wannan abu ne da ya kamata a bi shi har cikin ƙwayoyin gado, kuma wadda ta gano shi ita za ta tafi. Saura mako uku ta miƙa cikakken rahoto, sai a fara maganar biza.

Ranar wata Juma'a ta je gida Wurno don ta sanar. Ta tarar da mahaifiyarta Habi a tsakar gida tana tsince wake. Adawiyya ita ce 'yar fari, a ɗakin kakarta ta tashi, don haka tun tana ƙarama Yaya take ce wa Habi, kamar yadda ta ji 'yan gidan na faɗa. Habi kuwa bakinta bai taɓa kama sunan Adawiyya ba. In kira ya kama, sai dai “ke”, ko ta aika wani.

Ta gaishe ta, ta zauna, ta ba da labarin tafiya. Habi ba ta ɗago ba, ta ce Allah shi sa alheri. Can kuma, kamar da tiren waken take magana, ta ce, “Waccan matar ta asibiti ma ta zo nan bara da takardarku. Tambaya kamar ta kabari. Nic ce mata biyat.”

“Biyat mi, Yaya?”

“Ɗiya mana.”

Adawiyya ta ƙirga a zuci. Mujahid, Raihana, Attahiru, Rahama, sai auta Yazid. Biyar cif. Ta sake ƙirgawa, kamar wani zai ƙaru.

“To shekarun haihuwar hwari, nawa kika ce mata?”

“Na Mujahid nib ba ta. Ashirin da ɗaya, ko da biyu.”

Tsakanin Adawiyya da Mujahid shekara huɗu ne, don an yi ɓari a tsakani. Adawiyya ta ci tuwo, ta yi sallah, ta sa albarka ga waken da aka ɗaure mata a leda. Abin haushin shi ne ba baƙuwar wannan al'ada ba ce. A cikinta aka haife ta, a cikinta ta girma. Mace ba ta faɗin sunan ɗan fari, ba ta nuna shi a cikin mutane, in an tambaye ta 'ya'ya sai ta tsallake shi don kunya. Wannan ko yaron goye ya sani a Wurno. Amma mai neman digiri na uku ta zauna ta tsara tambaya arba'in da biyu, ba ta tuna da shi ko sau ɗaya ba.

Washegari ta hau mota zuwa Goronyo, daga nan ta hau kabu-kabu zuwa Rimawa, wurin Kyauta, ma'aikaciyar lafiyar da ta cike mata fom sittin a yankin. Kyauta dattijuwa ce mai fara'a, shekararta ashirin tana yi wa yaran garin riga-kafi. Adawiyya ta zaro fom ɗaya ta nuna mata.

“Inna Kyauta, wagga matar kin rubuta mata huɗu. Huɗu gare ta?”

Kyauta ta duba sunan unguwar ta yi dariya. “Biyat na, in an sa babban. Yana can bakin dam yana su.”

“To don mi kika rubuta huɗu?”

“Abin da tac ce ke nan. Ga uwar mijinta zaune, ga ni da nis san ta tun tana budurwa. Ta buɗe baki ta lissafa na hwari? Haba likita. Ni ma in anka tambaye ni, haka za ni yi.”

Ba ta faɗi haka don kare kai ba. Ita a ganinta ta yi aiki tsaf, an faɗa ta rubuta, ba ta ƙara ba ta rage ba. Adawiyya ta so ta yi faɗa, ta duba ta ga babu wanda za ta yi wa sai kanta. Masu ciwon, a ɗaki a rufe, gaban baƙuwar fuska, ga tsoron mutuwa, sun faɗi komai. Lafiyayyun, a tsakar gida gaban surukai, sun cire ɗaya. Shi ke nan abin da ya sa malamai leƙe.

Kyauta ce ma ta ba ta mafita. Ta ce, “In kina son ki ji gaskiya ba ki kunyata mace ba, kar ki ce mata haihuwar hwari. Ki ce wace shekara ta tahi wankan gida. Wannan kowa na hwaɗi.” Gaskiyarta kuwa. Haihuwar fari a gidan iyaye mace take zuwa ta yi wankan jego, kuma faɗin shekarar tafiya ba kama sunan kowa ba ne.

Kwana huɗu Adawiyya ta yi tana gwada tambayar, a Rimawa sannan a Maikujera ta ƙasar Rabah, inda sai ta bi mata har gonar gero ta ja su gefe. Mata talatin ta sake tambaya. Ashirin da huɗu sun tsallake na fari. Wata tsohuwa Asabe har tana mata tsiya, wai 'yan boko sai an yi musu bayanin abin da kaza ma ta sani. Da ta koma ta gyara na talatin ɗin, ta ƙiyasta sauran a kan haka, bambancin nan da ya girgiza kwamiti ya narke, bai bar ko abin nunawa ba.

Farfesa Iliyasu ya saurare ta har ta gama bai katse ta ba. Ya cire tabarau, ya goge, ya mayar.

“Talatin cikin ɗari huɗu,” in ji shi. “Ba hujja ce cikakkiya ba tukuna.”

“Haka ne, ranka ya daɗe.”

“Akwai hanyar da aka saba. A ƙarshen rahoto, inda ake faɗin raunin bincike, ki sa layi biyu cewa wataƙila wasu matan ba su faɗi adadi daidai ba. Ba ƙarya kika yi ba. Ki tafi, ki koyo aikin, in kin dawo a gyara. Wannan dama ba ta zuwa sau biyu, kin sani.”

Ta sani. Kuma tana son tafiyar nan, so mai tsanani, irin wanda ke hana mutum cin abinci. Shekara uku tana tashi da ita tana kwana da ita. Ta auna layi biyun, ta ga lallai za su wuce, babu wanda zai tsaya a kansu a cikin shafi tamanin.

“Ranka ya daɗe, in na rubuta wataƙila, alhali na san tabbas ne, ai na yi ƙarya. Kuma don wannan sakamakon kaɗai suka zaɓe ni. In ya fita, wata rana wata ma'aikaciya za ta tsaya a Rimawa tana gaya wa mata cewa haihuwa ce ke kawo ciwon.”

Farfesa ya dube ta na ɗan lokaci. Bai ce ta yi daidai ba, bai ce ta yi wauta ba. Ya ce, “To ki rubuta musu da hannunki. Zan sa hannu a ƙasa, don ni ma na duba tambayoyin nan ban gani ba, kuma ni ma ɗan fari ne.”

Ta rubuta. Da ta fito ta shiga masallacin mata na sashen ta yi kukanta, ta wanke fuska, ta tafi buga sabbin fom. Bayan kwana goma amsa ta zo. Kwamiti ya gode mata, ya ƙara mata wata shida ta sake tambayar matan ɗari huɗu, gurbin tafiya kuma aka ba Lawwali, ɗan ajinsu mai aiki a kan ƙwayoyin ƙari. Lawwali ya zo yana ta kame-kame kamar shi ya yi laifi. Ta taya shi murna yadda ya kamata, abin kuma ya yi mata ciwo ƙwarai.

Da Wurno ta fara, gida-gida, ita da kanta. Gidansu shi ne na sha bakwai a jerin. Ta ce wa Habi su shiga ɗaki, ta saki labule, ta zauna a bakin gado da fom a cinya. Habi ta zauna a tabarma, ta ba ta gefe, tana kallon bango.

“Yaya, wace shekara kika tahi wankan gida?”

“Damanar da hwara tac cinye gero.”

Adawiyya ba ta buƙaci lissafi ba, shekarar na rubuce a katin shaidarta. Ta rubuta.

“Kina da shekara nawa sannan?”

“Sha bakwai.”

“Wata nawa anka sha nono?”

Habi ta gyara kallabi. “Ashirin da biyu. Mai taurin kai ta, da ƙyar anka yaye ta. Kwana ukku tana kuka ɗakin Inna, ina jiyowa, ba ni da damar zuwa.”

Adawiyya ta rubuta ashirin da biyu a cikin akwatin da aka tanada. Sauran babu inda za a rubuta shi. Ta duba tambaya ta gaba, ta adadin haihuwa, tana neman yadda za ta kewaye ta, sai Habi ta riga ta magana.

“An ce tahiyar ta hwasa.”

“An ba wani.”

“Don abin da nic ce ma matar nan?”

“A'a. Don ban iya tambaya ba.”

A waje wata maƙwabciya tana sallama tana neman aron turmi, babu wanda ya amsa mata. Har yanzu idon Habi na kan bango.

“To rubuta shidda,” in ji ta.