Nonon Shekarar Fara

Mutanen Matameye ba sa ba da 'ya sai sun tono asalin mai nema har kakan kakansa, ko da kuwa nasu asalin ba zai jure tono ba. Saboda haka da wani tela ɗan Kurni mai suna Idrisa, wanda ke zuwa cin rani Kano, ya ga Rabi'atu a kasuwar Matameye tana sayar da man gyaɗa, har ya turo magabatansa, sai baffanta Lawwali ya ɗora wa jaki akumari ya tafi bincike. A shekarun nan ne da gyaɗa ke tashe, manyan motocin kamiyo na kwasar buhuna ba dare ba rana, Nasara kuma bai kai ga tattara komatsansa ba tukuna.

Saratu, uwar yarinyar, mijinta ya daɗe da rasuwa, kuma yaron ya kwanta mata a rai tun ranar da ya fara zuwa gaishe ta. Ba ta san dalili ba. Ita dai in ya durƙusa ya sunkuyar da kai sai ta ji kamar ta taɓa saninsa. Rabi'atu kuwa ba a magana. Yarinyar da sai an yi da gaske take buɗe baki, ga ta tana daka tana 'yar waƙa, in an kalle ta ta murtuke fuska wai ita ba ta yi komai ba.

Lawwali ya dawo yana washe baki. Ya zauna a tsakar gida, ya sha ruwa, ya ce, "Gidan mutunci ne. Ba hauka, ba sata, ba abin kunya. Ashe ma uwarsa 'yar garin nan ce, Balki, wadda ta rasu shekarar fara."

Saratu ta saki ludayin da ke hannunta.

Balki! Darni ɗaya ya raba gidan iyayensu, darni ɗaya kuma ya raba gidan aurensu, don Allah ya yi su ba masu rabuwa ba. Tare suka koyi kaɗi, tare suka sha duka ranar da suka fasa tulu garin kallon masu kalangu, a kwano ɗaya aka kwaɓa musu lalle. Balki na da wata dariya mai ban haushi, wadda ke kama ta daidai inda bai kamata ba, gaban surukai ko wurin ta'aziyya, sai ta toshe baki da gefen zane kafaɗunta na rawa, ita kuwa Saratu a yi ta harararta a banza. Matameye ta lokacin ba ta da yawa. Kowa ya san akuyar kowa, in ka ɗora tukunya maƙwabta sun san abin da ke ciki. Saratu na kewar wannan garin, ko da yake a cikinsa take zaune har yanzu.

Sai fara ta sauko ta cinye gero tun yana tsaye. Maza suka yi kudu neman abinci, mata suka koma tafasa da ganyen daji. Balki ta kwanta ciwo da jariri a hannu, nono ya ƙafe, yaro ya yi ta tsala ihu har muryarsa ta dushe. Saratu na goyon ɗanta na fari a lokacin, wanda shi ma bai yi tsawon rai ba. Ta miƙa hannu ta saman darni ta karɓi yaron. Bayan an binne Balki dangin uba suka zo suka tafi da shi Kurni, labarinsa ya yanke. Shekara da shekaru Saratu na ba da wannan labari a gidan biki da bakin rijiya, don shi ne kaɗai abin da ta iya yi wa ƙawarta.

Murna ta fara zuwa mata, har ta ce, "Ɗan Balki ne zai auri 'yata!" Kafin ta rufe baki sai ta tuna hukuncin shayarwa. Duk wanda ya sha nonon mace, 'ya'yanta duka sun zama ƙannensa da yayyensa, na gaba da na baya. Ta faɗa wa Lawwali. Ya dube ta kamar ta zuba masa ƙasa a tuwo, ya ce, "Wa ya tambaye ki, Saratu?" Amma magana ta riga ta fita, dole aka kira Malam Muntaka, wanda ke duba al'amuran aure da gado a unguwar.

Da hantsi aka shimfiɗa masa buzu a zauren gidan. Idrisa ya zo ya rakuɓe a gefe, duk ya faɗa. Saratu ta zauna daga bakin ƙofar ciki, aka kuma ɗauko Iya Shekara, tsohuwar da babu haihuwa ko mutuwa a unguwar da ba ta da labarinta.

Malam Muntaka mutum ne mai sanyin magana, amma ba a yi masa kwana. Ya ce, "Iya, abin da kika gani nike so, ba abin da kika ji ba."

Iya Shekara ta gyara zama. Ta kawo launin zanen da Balki ta ɗaura, da inda tabarma take, da yadda yaron ya kama nono kamar ɗan akuya. Malam ya bar ta ta ƙare tsaf, sannan ya ce, "Ke a wane ɗaki kike tsaye?"

Tsohuwa ta sosa ƙeya. "To, Malam, ni shekarar nan ai muna Daura wajen ƙanena. Amma Saratu ta faɗa mini ya fi a ƙirga."

"Ashe bakinki bakin Saratu ne," in ji Malam. "Shaida ɗaya ke nan, ba biyu ba." Ya tambaya ko akwai sauran wadda ta gani da ido. Aka lissafo matan layin ɗaya bayan ɗaya, duk sun riga mu gidan gaskiya.

Ya juya wajen Saratu. "Shari'a ba ta tabbatar da shayarwa da bakin mace ɗaya. In kuka kawo mini goro gobe, ba ni da hujjar da zan ƙi ɗaura aure. Sai dai ana so a nisanci abin da ke da shakka. Kuma ki sani, in baki kawai ya sa, babu abin da ya wuce maƙogwaro, to babu komai. Wannan kuwa ba wanda ya sani sai ke."

Lawwali ya yi caraf ya ce, "Haba Malam, shekarar da mutane ke cin ganye, wace mace ke da nono? Lallashi ne kawai ta yi don ya yi shiru. Ko ba haka ba, Saratu? An daɗe fa, mutum na mantuwa."

Kowa ya zuba mata ido. Ta ga an buɗe mata ƙofa, kuma wallahi tana son ta bi ta. Kalma ɗaya za ta faɗa, 'yarta ta samu wanda take so, jikokinta su zama jikokin Balki, abin da su biyu suka sha yi wa juna alkawari tun suna 'yan mata. Ba wanda zai ƙaryata ta, don masu ƙaryatawar suna ƙarƙashin ƙasa. Ta nemi mantuwar nan da Lawwali ya miƙo mata, ta neme ta da gaske, ba ta samu ba. Abin da ta samu shi ne nauyin yaron a cinyarta, da ɗan hannunsa da ya damƙe mata yatsa, da Balki kwance tana kallonsu ta ƙofar ɗaki, ta kasa magana sai hawaye.

Ta dubi Idrisa. Tausayinsa ya kama ta.

"Ya sha, Malam," ta ce. "Ba sau ɗaya ba. Yana sha har ya ƙoshi ya yi barci a jikina, in goge masa baki da zanena."

Malam Muntaka ya sunkuyar da kai ya ce, "Allah ya saka miki." Lawwali ya yi tsaki ya kaɗe riga ya fice. Idrisa bai motsa ba. Can ya ce, a hankali, "Da ba ki ba ni ba, da na mutu ke nan?"

"Da ka mutu, ɗana."

Ya sa hannu ya rufe fuska.

Ashe duk abin nan Rabi'atu na tsaye bayan zana tana ji. Saratu ta ji takun 'yarta ya nufi randa, ta kasa waiwayawa. Yarinyar ta fito da kwanon sha, idanunta jawur, ta ratsa ta gaban uwarta ba ta dube ta ba. Ta durƙusa gaban Idrisa, ta ajiye kwanon da hannu biyu.

"Yaya," ta ce, "ga ruwa."