Wanda Ya Sha Kashi Shi Ke Fenti

A unguwarmu ba a tambayar wa ya ci wasan ƙwallon bana tsakanin kwalejin Ellery da ta Dunmore. Ƙofar gidanmu ake leƙowa. In an gan ta kore, Ellery ce ta ci, kuma za a ga babana Vernon yana tafiya yana buɗa kafaɗa kamar shi ya buga. In ja ce, to Dunmore ta yi abin kai, kuma mamata Lorna ba za ta bar kowa ya sakata ba har Kirsimeti.

Dokar ta girme ni. Wanda makarantarsa ta sha kashi ranar Asabar, shi ke ɗaukar buroshi ranar Lahadi bayan an taso daga coci, ya shafe ƙofar da launin abokan gaba. Wanda ya ci kuma sai ya jawo kujera baranda, ya riƙe kofin gahawa, ya yi ta zuba wa mai fentin tsiya har aiki ya ƙare. Ko launin bai canza ba, sai an sake shafawa. Shekara arba'in da 'yan kai ana haka, ƙofar ta yi kaurin da sai Baba ya kankare gefenta kafin ta yarda ta rufu.

Makarantun nan biyu ƙanana ne, a bakin kogi ɗaya suke a nan jihar Iowa, gonakin masara ne kawai tsakaninsu. Ba wanda ya san da zamansu a wajen jihar, amma sun fi shekara ɗari suna karawa duk watan Nuwamba, kuma a wurinmu babu wasan da ya kai shi. Baba ya haddace tarihin kaf. Ya san shekaru bakwai da Ellery ta jera tana lallasa Dunmore bayan yaƙin duniya, ya san shekarar da aka tashi babu ko maki ɗaya cikin taɓo, sai dai in aka zo kan shekarun tamanin, lokacin da Dunmore ta riƙa yi musu cin kaca, nan ne tari kan sarƙe shi. A lissafinsa, Ellery ta ci hamsin da uku, Dunmore hamsin da biyu, an yi kunnen doki sau shida. A lissafin Mama kuwa hamsin da uku ne kowanne. Wasa ɗaya ne ya raba su, kuma shi ne ya haɗa su.

A 1974 ne. Baba na cikin 'yan wasan Ellery, Mama na busa ƙaho a cikin 'yan badujalar Dunmore. Dunmore na gaba da maki uku, wasa ya zo ƙarshe, Baba ya rungumi ƙwallo, don irin wasan da ake gudu da ita a hannu ne, aka kayar da shi saura yadi biyu ya kai layin cin maki. Kafin a sake jeruwa dusar ƙanƙara ta rufe filin har ba a ganin layin, alƙalin wasa ya ce kowa ya kama gabansa. Dunmore ta ce ta ci. Ellery ta ce wasan da bai ƙare ba ba wasa ba ne. Hanya ta toshe, aka tara mutanen ɓangarorin biyu a zauren wani coci ana raba musu miyar wake da nama, a nan wata siririyar yarinya mai jar hula ta ji wani ƙato yana cika baki cewa da an bar shi da ya shige. Ta ce masa ta ga gudunsa, ko an ba shi har Ista ba zai kai ba. Bayan shekara uku aka ɗaura musu aure, kuma gardamar ba ta taɓa mutuwa ba.

Ni Gwen, ni kaɗai suka haifa, kuma na ƙi ɗaukar ɓangare. Ina ƙarama, a filin wasa kowannensu gefen makarantarsa yake zama, ni kuma a yi rabin farko da ni a wajen kore, in an tafi hutu a miƙa ni wajen ja a gaban rumfar mai sayar da gugguru, kamar saƙo. Da na girma na zaɓi jami'ar da ko ƙungiyar ƙwallo ta kirki ba ta da ita, don kowa ya huta. Na sha gaya musu cewa manya biyu masu hankali su ɓata Lahadi guda kan ƙofa abin kunya ne. Ko a jikinsu.

Shekara huɗu a jere Ellery na ci. A bara, Mama ta riga ta fara jinya, ta rame har zobenta na zamewa. Baba ya ce a ɗage fentin, ko shi ya yi mata. Ta dube shi sama da ƙasa ta ce ita 'yar Dunmore ce, ba ta cin bashin kunya. A kan ɗan benci ta zauna ta yi aikin, tana yi tana hutawa. Fentin bai yi kyau ba. Ya zuba a wurare, sawun buroshin ya karkace, kuma kusa da mariƙin ƙofar, inda ta dafa don ta miƙe, babban yatsanta ya fito raɗau a cikin koren. Baba na kujera yana ƙoƙarin yi mata tsiya kamar kullum, ita kuma tana ce masa ya ƙara, wannan ai ba tsiya ba ce. A watan Afrilu ta rasu.

Tun daga nan na fara zuwa daga birnin Des Moines, inda nake zaune, duk ƙarshen mako. Ban daɗe ba na lura da abin da Baba ke yi. In zai shiga gida, kafin ya murɗa mariƙin, sai ya ɗora yatsansa a kan nata, ya ɗan tsaya. Bai taɓa magana a kai ba, ni ma ban yi ba. Amma da Nuwamba ta matso sai tsoro ya kama ni, don lissafin a fili yake. In Ellery ta ci, babu mai fenti, ƙofa ta zauna yadda Mama ta bar ta. In Dunmore ta ci, doka ta ce Baba ya shafe aikin hannunta na ƙarshe da hannunsa.

A mota muna tafiya Dunmore, don a gidansu ake wasan bana, na ce masa ai yanzu babu wanda zai tilasta masa komai. Ya gyara zaman koriyar hularsa ya ce in kula da hanya, za su ci.

Ni da na yi shekaru ina raina wasan nan, ran nan ban zauna ba. Na yi ihu har muryata ta dushe. Na zagi alƙalin wasa, na zagi wani yaro ɗan Ellery da ƙwallo ta kuɓuce masa, yaron da bai fi sa'ar ɗan cikina ba. Baba kuwa hannayensa na cikin aljihu. Da aka tafi hutu 'yan badujalar Dunmore suka shigo fili da jajayen riguna, na ga idonsa ba ya kansu, yana can tsallake, kan layin kujerun da Mama ta saba zama.

Ellery na gaba da maki biyu har wasa ya zo gangara. Sai Dunmore suka fara turowa, kaɗan-kaɗan, kamar masu tura motar da ta maƙale. Da lokaci ya kusa cika suka fito da mai bugunsu, wani ɗan firit da kwalkwali ya yi wa yawa. In ƙwallon ta bi tsakanin sandunan gola, maki uku ne. Na runtse ido ina roƙon Allah ya sa iska ta kauce da ita, kuma ban ji kunyar roƙon ba. Ihun da ya tashi daga tsallake ne ya gaya mini amsar.

Baba ya cire hularsa ya riƙe. Can ya ce, "Yaron nan ya iya bugu."

Muka koma gida. Ya ɗora yatsansa inda ya saba, ya daɗe fiye da kullum, sannan ya shiga.

Da safe na riga na shirya dabarata. Muna dawowa daga coci na ce masa mu je mu sayo sabuwar ƙofa ya shafa mata ja, wannan kuma mu cire ta mu jingine a ɗakina, ba abin da zai taɓa ta. Na yi ta kawo hujja. Raina ya ɓaci na ce masa taurin kan nan nasu ne ya ishe ni tun ina yarinya, kuma ba shi kaɗai ya yi rashi ba, ni ma uwata ce. Ya bar ni na gama, yana ta motsa jan fentin da sanda. Gwangwanin ya shekara huɗu a rufe, sai da ya sha fama kafin ya haɗu.

"Gwen, 'yar gidana," ya ce, "shekara huɗu matar nan tana jiran wannan ranar. In na bar ƙofar nan kore don ba ta nan balle ta yi magana, na cuce ta ke nan. Ban taɓa cutarta tana raye ba."

Na koma cikin gida na tsaya a bakin taga ina kallonsa, ina jin haushinsa ina jin tausayinsa.

Daga sama ya fara, a hankali, yadda yake komai. Jan na cin koren layi bayan layi. Unguwa tsit, sai ƙarar buroshi. Maƙwabcinmu ya fito da karensa, ya hango, ya sunkuyar da kai ya canza hanya. Da Baba ya iso daidai mariƙin sai hannun ya tsaya. Ya shafe sama da wurin, ya shafe ƙasa da shi, ya dawo ya tsaya. Fenti na ɗiga daga buroshin kan takalminsa na zuwa coci bai sani ba. Sai na ga ya waiwaya ya dubi kujerar baranda, mai jan matashi, wadda Mama ke zama a kai in ta ci, ba kowa a kai.

A nan na gane abin da ya gagare shi. Ba a taɓa fentin ƙofar nan cikin shiru ba.

Na zuba gahawa a kofin Mama, na ɗauko jar hularta daga bayan ƙofar kicin na saka, na fita na zauna a kujerar. Na ɗora ƙafa ɗaya kan ɗaya yadda take yi.

"Malam ɗan Ellery," na ce, "wannan fenti ne ko kuwa kaza ce ta bi ta kan ƙofar?"

Bai juyo ba, amma na ga kafaɗarsa ta motsa.

"Dubi can sama, ka bar kore. Ko tsani za a kawo maka? Da ma ku ba kwa kai wa inda ake so ku kai. Yadi biyu ma sun gagare ka, balle ƙofa."

"Ƙanƙara ce ta hana," ya ce da ƙofar.

"Kullum ƙanƙara. Jiya ma ƙanƙarar ce? Rana tar, kowa na gani, yaro ɗan firit ya aika ku gida. Yi sauri tsoho, gahawata na hucewa."

Dariya ta ƙwace masa, irin wadda ke fitowa tare da hawaye, ni ma ban san lokacin da nawa suka zubo cikin kofin ba. Ban daina ba. Duk tsiyar da na ji tana yi masa tun ina 'yar mitsitsiya, wadda na ɗauka ban taɓa saurara ba, ashe tana nan a bakina. Ina cikin yi masa gorin shekarun tamanin ya tsoma buroshin, ya ɗora yatsansa a kan nata sau ɗaya, ya ɗauke, ya shafe wurin da ja.

Da ya gama ya zauna a kan matakala yana goge hannu da tsumma. Saura abu ɗaya. In Mama ce ta ci, takan rufe da tambayarsa nawa da nawa ke nan yanzu, shi ya faɗi nasa lissafin, ita ta gyara masa, su ɗora daga inda suka tsaya bara. Na tambaye shi, na shirya jin hamsin da uku kowanne.

"Dunmore hamsin da huɗu," ya ce. "Ellery hamsin da uku."

Na ce ya manta, ai wasan ƙanƙara ba ya cikin lissafinsa.

"Sun ci wasan nan, Gwen. Tun a ranar na san sun ci." Ya ninke tsumman ya ajiye. "Gardamar ce ba na so ta ƙare."

Ya miƙo hannu na ba shi kofin, ya shanye sauran gahawar duk da ta yi sanyi. Muka zauna nan baranda da rigunan sanyinmu, ƙofa a buɗe, muna jira ta bushe.