Fuskar da ke Bayan Goggo

"Mayar da shi baya, ɗan nan," in ji Goggo.

Na mayar da hoton baya. Goggo maƙwabciyarmu ce, katanga ɗaya ta raba mu. Tun da ciwo ya kwantar da ita nake kai kwamfutata ɗakinta ina aiki, don ta samu abin kallo. Sana'ata haɗa fim, kuma a lokacin muna yin wani a kan tashar jirgin ƙasa da aka rufe. An ba ni tsofaffin hotunan da aka ɗauka tun ba a haife ni ba, babu launi, babu murya.

Wurin da ta tsayar da ni, darakta ya riga ya ce in yanke shi. Wata mai goyo ce ta tare kyamara, ta juya baya tana sayen tikiti.

"Wannan ni ce," ta ce.

Na ce a raina, tsufa ke nan.

"Daina yi min kallon mahaukaciya. Dubi majanyin. Facin nan ni na yi shi."

Kowa a layinmu ya san sau ɗaya Goggo ta haihu, yarinyar kuma ba ta kai yaye ba ta rasu. Ko hoto babu. Abin da ke cin Goggo shi ne fuskar ta ɓace mata. Ta sha ce wa mahaifiyata, "In na je can, yaya zan gane ta?"

Na rage gudun hoton. Jaririyar ta waiwayo, kumatu cike, ta cafko bakin ɗankwalin uwar tana tauna, tana dariya babu haƙori.

Goggo ta daɗe tana kallo. Ita ba ta yi kuka ba, ni ne na kusa.

"Ashe ita ke ja min ɗankwali," ta ce. "Ni kuwa ina ta zagin iska." Ta yi dariya har tari ya sarƙe ta. "To, shi ke nan. Na riƙe ta."

Ban sake tambayar kaina ko ita ɗin ce ba. Wurin kuwa na ƙi yankewa, darakta ya gaji ya haƙura.

Ta rasu wata safiya da hantsi. Gaskiya sanyin da na ji a raina ya fi baƙin cikin yawa.

Da muka dawo daga maƙabarta na shiga ɗauko kwamfutar. An naɗe katifa, an share ɗakin. Kwamfutar tana kan kujera inda na bar mata, yarinyar a cikin hoton na tauna ɗankwali, tana kallon ƙofa.